Hukuncin kafa hujja da Amurkawan da suka yaƙi kiɗan rock and roll

Tambaya: Malam, ina karantarwa a Islamiyya, kuma ina shirya wa matasa lacca kan kaɗe-kaɗe. Na karanta cewa su kansu Amurkawa sun yaƙi kiɗan rock and roll lokacin da ya ɓullo. Shin ya halatta in kafa hujja da su, in kuma kunna wa ɗalibai guntun bidiyon mawaƙinsu Elvis Presley su gani?

Amsa: Allah Ya saka maka da alheri bisa kishin tarbiyyar yaran nan. Haramcin kayan kiɗa shi ne ra'ayin jumhurun malamai, kuma dalilansa ba baƙi ba ne a wurinka. Kalmar da ta tsayar da ni a tambayarka ita ce "hujja".

Wasu masu wa'azi suna ganin duk wanda ya ƙi abin da muka ƙi, maganarsa ta zama makami a hannunmu, kuma ni ban yarda da wannan ba. Haƙiƙa akwai iyaye da limaman coci da rawar batsa ce ta dame su, har a Janairun 1957 shirin talabijin na Ed Sullivan ya nuna Elvis daga ƙugu zuwa sama kawai. Amma kiɗan ya tsiro ne daga waƙoƙin baƙaƙen fata irin su Chuck Berry da Little Richard, kuma ƙiyayyar launin fata ce ta tunzura da yawa daga masu adawar. A 1956 Asa Carter, wani mai rajin wariyar launin fata a jihar Alabama, ya yi gangamin a hana shi don kada 'ya'yan farare su cuɗanya da baƙaƙe. A 1957 aka dakatar da shirin talabijin na Alan Freed bayan an ga mawaƙi Frankie Lymon, wanda baƙar fata ne, yana rawa da wata farar yarinya. Lura da kyau, launin fatarsa ne ya harzuƙa su, ba cakuɗuwar maza da mata ba. Wannan ita ce jahiliyyar da huɗubar ban kwana ta rushe. Ɗalibinka kuwa yana da waya, kuma ranar da ya gano cewa shaidun malaminsa masu wariya ne, zai yi shakkar sauran karatun.

Saboda haka ya halatta ka ba da labarin a matsayin tarihi, da sharaɗin ka faɗi ɓangarorin biyu. Bidiyon kuwa kada ka kunna, domin bayanin baki ya wadatar, kuma ba a kai wa yaro abin da ake hana shi. Ina kuma ba ka shawara ka tausasa harshe, ka fara da waƙoƙin da ke cikin wayoyinsu yau, ka kuma kiyaye kanka, kada bincike ya zame maka ƙofar sauraro. Wallahu a'alam.