Game da edita mai son zama darakta, da abin da na sani kan Marko Babac

Ƙanena, ka tambaya ko wanda ya shafe shekaru yana tace hoto zai iya komawa ba da umarni da rubuta labari, ka kuma ce an ba ka misali da wani ɗan ƙasar Sabiya, Marko Babac, wanda ya haɗa ayyukan nan uku. Na fara tace hoto tun zamanin kaset, daga baya na ɗanɗana kujerar darakta, saboda haka ina da ta cewa.

Wanda ya ba ka misalin bai gaya maka cewa tafiyar Babac ta saɓa da wadda kake nufi ba. An haife shi a 1935, ya rasu a 2014, kuma ya taso ne a Kino klub Beograd, ƙungiyar matasa masu sha'awar fim a Belgrade, lokacin Sabiya tana cikin Yugoslabiya, ƙasar gurguzu a ƙarƙashin shugaba Tito. A irin wannan ƙungiya ba a tsaurara rabon aiki: sau da yawa wanda ya rubuta labari shi zai ba da umarni, shi kuma zai zauna ya yanka zaren fim ya manna da hannunsa. A 1962 shi da Živojin Pavlović da Kokan Rakonjac suka fitar da fim mai kashi uku, kowa da nasa kashin, mai suna Kapi, vode, ratnici. A 1963 suka sake haɗuwa suka yi Grad, wato "Birni", sai kotu a Sarajevo ta haramta shi, don hukuma ta ga ya nuna rayuwar gurguzu cikin duhu da ƙunci, kuma jama'a ba su gan shi ba sai 1990. Irin waɗannan finafinai ne daga baya aka yi wa laƙabi da Crni talas, baƙar igiyar ruwa, kuma a farkon shekarun 1970 lamarin ya kai har an ɗaure wani matashin darakta, Lazar Stojanović, saboda fim ɗinsa na kammala karatu.

Babac dai da ba da umarni ya fara suna, amma tace hoto ne ya zama sana'arsa, ya koyar da shi shekaru masu yawa a makarantar koyon fim da wasan kwaikwayo ta Belgrade, ya kuma rubuta littattafai a kansa. Ban ga alamar ya ɗauki tacewa a matsayin tsanin da ake takawa a bari ba, kuma wannan tunanin ne nake jiye maka tsoro.

Gaskiya ne edita yana zuwa wurin ɗaukar fim da abin da wasu daraktoci ba su da shi, domin ya san hoton da za a nema a rasa ranar haɗawa, kuma ba ya ɓata yini a kan fitowar da ya san za a zubar. Sai dai wannan sanin ne ya kayar da ni a fim ɗina na farko. Wata jaruma tana tsakiyar fitowar kuka, hawayen gaske sun fara zubo mata, na tsayar da kyamara saboda a kaina na riga na yanke hoton a daidai wurin. Mun maimaita sau shida, abin bai dawo ba. Shekarun da na yi ni kaɗai a ɗaki da hotunan da ba sa musu ba su koya mini lallashin mutum mai rai da ya gaji, yake jin yunwa, rana kuma tana shirin faɗuwa ba.

Kafin ka nemi kuɗin kowa, ka bi wani darakta zuwa wurin ɗauka a matsayin mataimaki, fim biyu ko uku, kana lura da yadda yake magana da 'yan wasa. Daga nan ka rubuta gajeren labari na minti goma ka ɗauka, ka miƙa wa wani edita ya tace, kai kuma ka zauna a bayansa ka kame bakinka har ya gama haɗin farko.