Sunan Mahaifi ko Sunan Dangi? Tambaya kan Sarakunan Sin

Wata mai karatu daga Zariya ta aiko cewa: "Malam, ina rubuta ƙagaggen labari a kan sarkin Sin na zamanin daular Tang da ake kira Taizong. Tsakanin Tang da Taizong, wanne ne sunan mahaifinsa? Kuma karin maganar nan 'suna linzami ne' ta dace a nan?"

Malama, babu ko ɗaya a cikin biyun, kuma kalmar "sunan mahaifi" ita ce ta fara karkatar da ke. Mu a ƙasar Hausa mutum kan jingina sunansa da na ubansa ko na garinsu, shi ya sa muke da Aminu Kano da Shehu Shagari. Abin da Sinawa ke da shi sunan dangi ne, ko ki ce sunan zuri'a: guda ɗaya da ake gada daga kaka zuwa jika ba kasafai yake sauyawa ba, kuma shi ke zuwa a gaba.

Sunan sarkin nan Li Shimin, ya yi mulki daga 626 zuwa 649. Li ne sunan danginsu, Shimin nasa na yanka. Mahaifinsa Li Yuan shi ya kafa daular a 618. Da sunan mahaifi ake bi, da Shimin Yuan za a ce masa, abin da ba a taɓa yi ba. Tang kuwa sunan sarautar da Li Yuan ya gada ne tun kafin ya hau karaga, sai daular ta ɗauke shi.

Inda nake so ki fi kula shi ne Taizong. Laƙabi ne da ake raɗa wa sarki bayan rasuwarsa, don haka kada ki sa bafade ya kira shi da shi yana raye. Ba ma shi kaɗai ke da shi ba: daular Song, wadda ta fara a 960, tana da nata Taizong da ya yi mulki daga 976 zuwa 997, shi kuma ɗan gidan Zhao ne. Shimin ɗin ma ba a furta shi. Wannan alkunya ce irin ta uwar da ba ta kiran sunan ɗan fari, sai dai tasu ta kai ga doka. Bayan rasuwar Li Shimin an sauya sunan Minbu, ma'aikatar haraji da ƙidayar jama'a, ya koma Hubu saboda "min" ɗin da ke ciki, janar Li Shiji kuma ya ajiye "shi" ya zama Li Ji. A bakin fadawanki "ranka ya daɗe" ya wadatar.

Kada kuma ki ɗauka duk mai Li jinin sarauta ne. Janar ɗin nan asalinsa ɗan gidan Xu ne, Li Yuan ya ba shi sunan Li tukuicin biyayya.

Batun karin magana, "suna linzami ne" na nufin sunan mutum na jan hankalinsa ya juyo, wasu kuma na fassara shi da cewa suna kan ja mai shi zuwa halin da ya dace da sunan. Fassara ta biyu ta fi dacewa da labarinki, domin kyautar sunan Li ɗaure mutum take yi da gidan sarauta, shi da 'ya'yansa.