Saka masu ƙyamar Yahudawa a fim ba talla ake musu ba?

Tambaya: Salam Malam. Don Allah masu shirya dokumantari da suke zuwa hira da 'yan wariyar launin fata masu ƙyamar Yahudawa, ba talla suke musu ba kuwa? Ni abun na damuna gaskiya. Daga wata ɗaliba.

Amsa: Wa'alaikis salam 'yar'uwa. Tsoronki na kan hanya, domin in ka miƙa wa mutum makirfo ya zuba dafinsa ba ka tare shi da tambaya ba, to ka zama kakakinsa kawai. Amma ki duba aikin Deeyah Khan, mai shirya fim, Musulma ce haifaffiyar Norway, a 2017 ta bi 'yan Nazin Amurka har garin Charlottesville inda suka yi maci suna ihun wai Yahudawa ba za su maye gurbinsu ba, ta zauna da shugaban wata ƙungiyarsu Jeff Schoep ido da ido tana karanta masa zagin da irinsu suka turo mata, mutumin nan duk ya rikice. A 2019 ya bar ƙungiyar.

Shi kuwa Claude Lanzmann a fim ɗinsa Shoah na 1985 kan kisan kiyashin da 'yan Nazin Jamus suka yi wa Yahudawa, mai tsawon sama da awa 9, har ɓoyayyiyar kyamara ya sa ya ɗauki tsofaffin jami'an Nazi, amma waɗanda suka tsira daga kisan su ya fi bai wa lokaci, kuma ni a ganina nan ne ma'aunin. Wa aka bar wa magana, kuma me aka yanke wajen editin?

Abun ba tarihi ba ne kaɗai fa, a 2018 an kashe mutum 11 a wurin ibadar Yahudawa a Pittsburgh ta Amurka, a 2019 mai irin wannan aƙidar ya kashe 51 a masallatan Christchurch ta New Zealand.