Filin Kiwo: Agwagwa ta ji rauni, me za a fara yi?

Tambaya: Assalamu alaikum. Malam, ina kiwon agwagi a bayan gida a Aboabo, nan Kumasi. Ɗaya ta kutsa ta ƙarƙashin tsohon kwanon rufi, ya yanke ta a gindin fiffike. Maƙwabta sun ce in shafa baƙin mai. Ya halatta? Hajiya Mariyama, Aboabo.

Amsa: Wa alaikumus salam, Hajiya. Baƙin mai da kananzir duk ki ajiye su gefe. Suna ƙona naman da zai haɗe, kuma agwagwa na gyaran gashinta da baki, don haka abin da kika shafa cikinta zai ƙare.

Ki fara da kamu. Ki lulluɓe ta da tsohon zane, fikafikai a manne da jiki, ki kula da faratan don suna da kaifi. Kada a matse mata ƙirji, da motsinsa tsuntsu ke numfashi. In jini na zuba, ki danna wurin da tsumma mai tsabta minti 5 ba ɗagawa. Masu ɗagawa suna leƙe su ke sa jinin ya ƙi tsayawa.

Wanki shi ne rabin magani. Ki tafasa rabin lita na ruwa, wato ledar ruwan sha ɗaya, ki zuba gishiri ƙaramin cokalin shayi ɗaya, shafaffe ba tulle ba, ki bari ya huce. Ki rage gashin da ke bakin raunin da almakashi, banda tuge shi. Ki zuƙi ruwan da sirinji marar allura ki riƙa fesawa har ƙasa da tsatsa su fita. Sannan ki sami aidin irin Betadine a kantin magani, ki sirka da ruwa har ya yi kalar shayi marar kauri, ki shafa da auduga safe da yamma.

Ki ware ta a kwali ko keji mai busasshiyar shimfiɗa, ki rufe da tsohon gidan sauro. Inda aka fi yin asara ke nan a unguwanninmu, musamman da damina: ƙuda ya yi ƙwai a ciwo, kafin kwana ɗaya tsutsa ta fito. Ba wanka, ba shiga kwata, sai ciwon ya bushe ya kame. Ruwan sha kuwa a ba ta a mazubin da za ta iya tsoma kai duka, banda jiki, don ta wanke hanci da ido. Bayan kwana 2 zuwa 3 fatar gefen na iya yin kore. Kwanciyar jinin tsuntsu haka take, ba ruɓewa ba ce in babu wari.

Amma in yankan ya buɗe har ana ganin tsoka ko ƙashi, ko ya kumbura yana wari, ko ta daina ci, ki kai ta ofishin likitan dabbobi a ranar. Haka nan cizon kare ko kyanwa, ko da ƙofar ƙarama ce, domin haƙori na kai ƙwayoyin cuta can ciki. In aka ba ta magani, ki tambayi kwana nawa za a jira kafin a ci ƙwanta ko namanta.

Tambaya: Matan agwagina duk ƙeyarsu ta saɓule, wata har da jini. Alhaji Sani, Asawase.

Amsa: Alhaji, aikin toro ne, nan yake kamawa wajen barbara. Maza sun yi maka yawa. Toro 1 ya ishi mata 4 zuwa 6, sauran ka sayar ko ka yanka. Mai jinin a wanke mata kamar yadda muka faɗa wa Hajiya, a raba ta da toron har gashin ya tsiro.