Na koyar shekara biyu babu albashi, yanzu ina Jidda: ko zan iya kai ƙara?

Wani ɗan'uwa da ke aiki a Jidda ya rubuto cewa sakataren ilimi na ƙaramar hukumarsu ya ba shi takardar ɗaukar aikin koyarwa a makarantar firamare, ya koyar shekara biyu ba a taɓa biyan shi ba, domin an ce hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha, wato SUBEB, ba ta amince da ɗaukar tasa ba. Da ya gaji sai ya tafi ci-rani, yanzu kuma yana neman haƙƙinsa.

Malam, abin da shari'arka za ta rataya a kansa shi ne wanda doka ta ba ikon ɗaukar ka. Tun bayan dokar ilimin bai-ɗaya ta 2004, kowace jiha tana da tata dokar da ta raba iko tsakanin SUBEB da sashen ilimi na ƙaramar hukuma, kuma idan wanda ya sa hannu a takardarka ya wuce huruminsa, lauyan gwamnati zai ce tun farko babu aikin da aka ba ka. Sai dai wannan ba ya shafe guminka. Idan sun tura ka makaranta, hedimasta ya karɓe ka, ka riƙa sa hannu a rajista har shekara biyu suna kallo, lauyanka yana da hujjar neman ladan aikin da ka riga ka yi, ko da kotu ta ƙi tilasta musu tabbatar da kai. Ka kuma adana shaidarka ta karatun koyarwa (NCE) da rajistar hukumar yi wa malamai rajista (TRCN), don da su ake fara kushe cancantar malami.

Kada a kai maganar babbar kotun jiha. Sashe na 254C na tsarin mulkin 1999, bayan gyaran 2010, ya keɓe rikicin aiki ga Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Can ma ƙungiyar malamai ta ƙasa, NUT, ta nufa a 2017 sa'ad da gwamnatin Kaduna ta yanke shawarar sallamar malamai sama da 21,000. Akwai kuma dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata uku na shigar da ƙara, wadda lauyoyinsu ke yawan fakewa da ita, saboda haka jinkiri ba naka ba ne.

Inda na fi jiye maka shi ne tafiyarka. Idan ka bar aji ba tare da rubutaccen izini ba, za su ce kai ne ka gudu daga aiki, kuma a ganina neman a mayar da kai zai yi wuya, gara ka tsaya kan bashin albashin. Ka rubuta takardar wakilci ga wanda ka amince da shi, a buga mata hatimi a ƙaramin ofishin jakadancin Najeriya da ke Jidda, sannan ka tambayi lauyan tun yanzu ko kotu za ta yarda ka ba da shaida ta intanet, tunda wakili ba ya iya rantsuwa a kan abin da bai gani da idonsa ba.