Hukuncin wanka da shan ruwan marmaron garin Bath domin neman lafiya

TAMBAYA: Assalamu alaikum Allah gafarta Malam. Ina karatu a Ingila, Babanmu ya zo ganin likita kan ciwon gwiwa, sai aka ba mu shawara mu kai shi garin Bath inda ruwan zafi ke ɓuɓɓugowa daga ƙasa wai yana maganin ciwon gaɓoɓi. Toh wani abokina ya ce haramun ne don wurin bautar gunki ne tun zamanin Rumawa. Ya halatta ya yi wanka ko ya sha? Kuma ruwan yana da wani ɗanɗano, ana alwala da shi?

AMSA: Wa alaikumus salam, Allah Ya ba Baba lafiya, kai kuma Ya saka maka da ɗawainiyar da kake yi da shi.

Abokinka bai yi ƙarya ba a kan tarihin. Rumawa sun gina ɗakin bauta a bakin wannan marmaro wajajen shekara ta 60 zuwa 70 miladiyya, suna bautar wata gunkiya da suke kira Sulis Minerva, garin ma Aquae Sulis suke ce masa, kuma da masu tonon kayan tarihi suka haƙa gindin ruwan sun kwaso kuɗin ƙarfe sama da 12,000 da mutane suka riƙa jefawa, har da 'yan allunan dalma kusan 130 da aka rubuta tsinuwa a kai, mutum an sace masa riga a wajen wanka sai ya rubuta ya jefa wai gunkiyar ta bi masa haƙƙinsa. Wannan shirka ce ba ko tantama.

Amma inda ya kuskure, shirkar aikin mutanen ce, ruwan kuwa halittar Allah ne tun kafin a san da Rumawa. Ruwan sama ne da ya nutse can cikin ƙasa, zafin ƙasa ya dafa shi, ya biyo ta cikin duwatsu ya kwaso gishiri da ƙarfe da sauran sinadarai ya fito da zafin digiri 46, fiye da lita miliyan ɗaya kullum. An bauta wa rana an bauta wa shanu, ba wanda ya ce shanya a rana ko shan nono ya haramta. Annabi (SAW) ya ce ku yi magani bayin Allah domin Allah bai saukar da cuta ba face Ya saukar da maganinta, Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito. Annabi Ayuba ma da ruwa Allah Ya yaye masa, a Suratu Sad aya ta 42 aka ce ya doki ƙasa da ƙafarsa, ga abin wanka mai sanyi ga na sha.

Abin da nake so ka riƙe da kyau shine niyyar Baba. Idan ya shiga a matsayin magani, kamar yadda zai haɗiyi ƙwaya yana sane Allah ne mai warkarwa, ya halatta. Idan kuwa aka ƙudurce wurin yana da wata albarka ta musamman ko wani ɓoyayyen abu mai biyan buƙata, toh an faɗa irin abin da Annabi (SAW) ya tsawatar a kan bishiyar Zatu Anwat, wadda mushirikai suke rataya makamansu a jikinta don neman albarka. Ruwan da nassi ya zo da falalarsa Zamzam ne, ba a yi wa wani marmaro kiyasi da shi. Kuma a baya baƙi sukan jefa kwabbai cikin wani tafki a wurin suna fatan alheri, don Allah kar ku yi ko da wasa.

Alwala ta inganta. Malamanmu na Malikiyya, kamar yadda ya zo a Risala, sun ce ruwan da ƙasar da yake zaune a cikinta ta canza masa launi ko ɗanɗano yana nan mai tsarki mai tsarkakewa.

Matsalar da ta fi damuna ma ba ta gunki bace, ta al'aura ce. Wuraren wankan zamani na can maza da mata a haɗe suke da 'yan kamfai, kuma hadisin Jabir ya ce wanda ya yi imani da Allah da ranar lahira kar ya shiga gidan wanka sai da gyauto. Ku nemi inda za ku kama na keɓe ku kaɗai, Baba ya rufe daga cibiya zuwa gwiwa, in ba a samu ba a haƙura, ruwan ɗumi a bahon gida zai yi masa wani abu daga cikin aikin.

Batun lafiya kuma kar a zuzuta. Ɗumi yana sassauta jijiya, ruwa yana ɗauke nauyin jiki daga kan gwiwa sai mutum ya ji sauƙi, amma ba ya mayar da guringuntsin da ya cinye, don haka Baba kar ya ajiye maganin likita. In yana da hawan jini ko ciwon zuciya ko siga, a tambayi likitan kafin ya jiƙa jikinsa a ruwa mai zafi. Tsohon tafkin Rumawan nan mai launin kore ba a shiga ba a sha, a 1978 wata yarinya ta rasu da sanƙarau bayan ta yi iyo a ruwan garin saboda wata ƙwayar cuta da ke shiga ta hanci, aka rufe wanka sai 2006 aka buɗe sabon wuri da ruwan da ake tacewa. In zai sha, ya sha wanda hukumar wurin ta tanada a famfo, kofi ɗaya ya isa, ya yi bisimilla.

Wallahu a'alam.