Amsa ga 'Yata Kan Matar Uba da Abin da Fina-finai Ke Nunawa

Assalamu alaikum, 'yata. Saƙonki ya iso ni a nan Gombe, kuma na fahimci abin da ke damun ki. Za ki auri mutumin da matarsa ta rasu ta bar masa 'ya'ya uku, kina tambaya ko al'adarmu ce ta ɗauki matar uba a matsayin muguwa kamar yadda kike gani a fina-finai, da kuma sunan da ya dace yaran su riƙa kiran ki da shi.

Wannan hoton ya girmi fim nesa ba kusa ba. Mun tashi muna sauraron tatsuniyar bora da mowa da daddare, inda ake aika yarinya Ruwan Bagaja don a rabu da ita, kuma Turawa ma suna da tasu, wadda Disney ya mayar da ita fim mai suna Cinderella a 1950. Da masu fim na Kano suka fara aiki, tun daga Turmin Danya a 1990, sai suka tarar da labarin a shirye, domin mai shirya fim yana buƙatar wanda 'yan kallo za su tsana, kuma babu mai saurin jawo tsana kamar macen da ta tashi marainiya da asubar hunturu ta sa ta wanke-wanke da ruwan randa, nata 'ya'yan suna cikin bargo, sannan ta ɗora mata farantin talla kafin ta karya kumallo. Ba zan ce babu irin waɗannan mata ba, akwai su, kuma Allah zai tambaye su. Abin da ke ɓata mini rai shi ne kyamara ba ta zuwa gidajen da baƙo zai kwana ya tashi bai iya bambanta ɗan wannan ɗaki da na wancan ba, alhali su ne na fi sani a Jekadafari da Bolari. Wani fim na Amurka, Stepmom na 1998, ya ɗan kusanci gaskiya, inda uwar da ciwon daji ya kama da sabuwar matar da ta shigo rayuwar yaranta suka daidaita a hankali saboda yaran, bayan kishi mai tsanani.

Fina-finanmu kuma ba su cika nuna ƙa'idojin da muka gada ba. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya riƙe 'ya'yan Ummu Salama bayan rasuwar mahaifinsu, kuma ɗanta Umar ne yaron da ya koya wa ya ambaci sunan Allah, ya ci da dama, ya ci daga gabansa. Aya ta 22 a Suratun Nisa'i ta haramta wa ɗa auren matar mahaifinsa, wato daga ranar ɗaurin aure 'ya'yan mijinki maza sun zama muharramanki har abada. Ba za su gaje ki ba, kamar yadda agola ba ya gadon mijin uwarsa, sai dai ta hanyar kyauta ko wasiyyar da ba ta wuce sulusin dukiya ba.

Akwai kuma abin da nake so ki riƙe sosai. A mazhabar Malikiyya da muke bi, idan uwa ta rasu, kakarsu ta wajen uwa ce ke kan gaba a haƙƙin renonsu, don haka idan ta bar miki su a ɗakinki, amana ta ba ki, kuma kada ki taɓa tsayawa tsakaninsu da kawunnansu, ko ki ɓata fuska idan sun ambaci mahaifiyarsu.

Game da suna, kada ki tilasta musu wanda suke kiran marigayiyar da shi. Idan Umma suke ce mata, bari su ce miki Inna ko Anti, ko duk wanda bakinsu ya kama, musamman babbar, wadda ta yi wayo da uwarta kuma za ta fi jinkirin sakin jiki da ke. Kafin biki, ki sa Baffanki ya nemi izini, ni da kaina zan raka ki mu gaishe da kakarsu, mu ji daga bakinta abin da kowane yaro yake so da abin da ba ya ci.

Goggonki.